Dogon Ƙarfe a Gonar Gwaggo Rahab

Shafi na 23

Masu cika mini waya da "ina ci gaba, ina ci gaba" tun ban karya ba, to ga shi, ku bar ni in sha ruwa. Wadda ta ce in kashe Sufeto Abubakar a wannan shafin kuma, 'yar uwa ki yi haƙuri, ni ma ya kai mini wuya, amma da sauran aikinsa.

Sababbin shigowa, ga inda muke. Shekarar 1985 ce, zamanin soja, a ƙauyen Tudun Barde kusa da Ƙarfi. Wani kamfani ya zo kafa hasumiyar tarho, kakar waɗannan dogayen ƙarafan na wayar hannu da kuke gani yau, wadda za ta riƙa ɗaukar maganar manya daga Funtuwa ta wuce da ita ta saman kan mutanen da ba su taɓa riƙe tarho ba. Turakun awo suna cikin gonar dawar Gwaggo Rahab. Gari ya hana aiki, aka turo 'yan sanda daga Malumfashi su yi gadi, cikinsu har da Kofur Yunis, ɗan ƙanen Gwaggon.

Hantsi ya ɗaga, katafila na tsaye a bakin gona ba ta shiga ba. Mudi direba yana zaune a kanta yana cin goro. Leburorin da aka kwaso daga Funtuwa kuwa sun zubar da adduna sun koma gindin ɗorawa, sun ce ko za a yanka su ba za su taɓa kara ɗaya ba.

Abin da ya tsorata su ƙyallaye ne. Kusan kowane kara a gonar an ɗaura masa ƙyalle a wuya, wani ja, wani fari, wani yagen atamfa, wani bakin tsohuwar riga. Leburori suka ce asiri ne, duk wanda ya sare kara mai ƙyalle hannunsa zai shanye. Sufeto Abubakar, shugaban 'yan sandan, ya zage su tas, ya ce jahilai ne. Amma na lura shi ma bai matsa kusa da gonar ba.

"Kofur."

"Yallaɓai."

"Kai ɗan garin nan ne, kuma ɗan coci, ba ruwanka da tsafi. Shiga ka kwance mini shirmen nan, ka fito mini da tsohuwar da ta zaune a cikin gonar."

Yunis ya ƙame, ya roƙi izinin magana. Ya ce ba asiri ba ne. Bara da aka yi fari, yunwa ta sa kowane gida ya daka irin shukarsa ya ci. Gwaggo Rahab kaɗai ta bar zangarniyoyinta rataye cikin hayaƙin murhu, tana shan kunun dusa tana kallonsu. Irin da hukuma ta rabo gajere ne, tsuntsu ya gama da shi, ɗan abin da aka samu ma tuwonsa ba ya ɗumamuwa. Yanzu duk ƙasar babu inda tsohuwar dawar kaura ta Tudun Barde ta rage sai wannan gonar. A garin kuma ba a sayar da iri. Wanda ya rasa sai ya shiga gonar mai shi, ya zaɓi kara ya ɗaura ƙyallensa, in dawa ta nuna ya yanke zangarniyar, baɗi shi ma ya bar wani ya ɗaura a tasa. Masu zuwa masallaci da masu zuwa coci duk sun ɗaura. 'Yan makonni kawai ake nema, don ƙwayar yanzu ruwa ce, in an sare ta yau ba ta iri ba ta tuwo.

Sufeto ya bari ya gama tsaf, sannan ya ce, "Na tambaye ka tarihin dawa?"

"A'a, Yallaɓai."

"To shiga."

Injiniya Romanus ya matso yana share gumi da hula. Haifaffen Funtuwa ne, Hausarsa ba ta da tabo. Ya ce wa Yunis kada ya ga laifinsa, ya roƙi a ɗaga aikin zuwa bayan kaka an hana shi, wai manya za su zo daga Kaduna su ga an zuba tushe, katafilar ma ana jiranta wani wurin. Ya ce abin da ke ba shi haushi, mai awon farko da aka yi wa canjin wurin aiki ya rantse masa wurin fako ne, babu abin sarewa. Ga shi ya zo ya tarar da dawa ta fi shi tsawo. Kowa ya ce ai da rani aka yi awon, shi ya sa. Romanus ya ɗaga kafaɗa ya ce shi dai inda ya ga turaku nan zai haƙa.

Yunis ya ratsa matan gari da ke zaune a bakin gona. Matan da suka goya shi yana jariri, yau ko gaisuwarsa ba wadda ta amsa. Wata ma ta tofar da yawu bayan ya wuce. Ya ji sarai, ya yi kamar bai ji ba.

A tsakiyar gona ya same ta, zaune kan tabarma ta jingina da jan turke, ga ɗan butarta a gefe. Dawa ta rufe su, ba a hango su daga waje.

"Gwaggo, ina kwana."

"A'a, hukuma ce da kanta. Sannu da aiki."

"Gwaggo don Allah."

"Don Allah mi?"

"Ki taso. Wallahi in ba ki taso ba ɗaukar ki za su yi kamar dami su jefa a mota. Barkonon tsohuwa na nan cike da akwati, na gani da idona."

"To ai ka gama magana. Mi aka ce ka yi?"

"In kwance ƙyallayen."

"Kwance mana. Fara da wancan farin, na Malam Rabe ne, gida cike da marayun ƙanensa. In ka gama ka cire jan, na matar fasto ne. Sai ka fita ka gaya masu abin da za su shuka baɗi."

Ya kai hannu ga farin ƙyallen, yatsunsa suka ƙi aiki. Haushi ya cika shi, haushin Sufeto, haushin kakin da ke jikinsa, har da haushin Gwaggon da ta san ba shi da iko da komai amma take gasa shi. Ya juya ya nutsa cikin dawa don kada ta ga idonsa.

Bai yi nisa ba ya tsaya cak. Wani ƙyalle ne shuɗi, na saƙi, mai siririn ratsin fari. Ya san shi kamar tafin hannunsa. Bakin zanen mahaifiyarsa Liatu ne, wanda babansa ke ɓoye a ƙasan adaka ba ya bari kowa ya taɓa. Ta rasu Yunis yana rarrafe, aka binne ta a cikin gida yadda ake yi a da, kafin mutane su sauko bakin hanya da zama. Tsohon gidan ya zama kufai, yana nan jikin gonar Gwaggo, bango ya zube sai kuka ɗaya a tsaye. Ashe babansa ma ya zo neman iri, har ya yagi zanen da yake ji da shi.

Yana riƙe da ƙyallen ya ji kara na motsi, ya ji tarin da ya sani. Baba Matta ne, mahaifinsa, dattijon ikilisiya, mutumin da in ya yi magana a gari ake cewa an gama. Sufeto ne ya aiko shi ya lallashi yayarsa. Bai ga Yunis ba, kunyoyin dawa sun shiga tsakaninsu.

"Yaya, barka da hantsi."

"Barka."

"Yaya ki yi haƙuri ki tashi. Hukuma ce. An umarce mu mu yi mata biyayya, kin sani."

Gwaggo ta ɗago ta dube shi. Ko ta manta Yunis na kusa ne, ko da gangan ta yi, ni ban sani ba, ku yanke hukunci da kanku.

"Wa'azi ka zo yi mani, Matta? A gonata?"

"Ba wa'azi ba ne, tsoron abin da za su yi maki nake."

"Kai ne za ka ce in tashi?"

"Yaya..."

"To tsaya in tambaye ka. Turakun nan, da ƙafar wa suka tako daga kufai zuwa nan?"

Gwaggo ba ta jira amsa ba.

"Ka ɗauka ban gan ka ba? Da bazara, da sassafe, na fito ɗibar itace. Kana tuge su ɗaya bayan ɗaya, kana auna taku, kana kafawa a gonata. Har da share ramukan da ƙafa."

"Rage murya, Yaya."

"Ba zan rage ba."

Baba Matta ya matso kusa da ita. Ya ce bai yi don ya cuce ta ba. Lokacin gonar fili ce babu shuka, mai awo kuma ya ce masa aikin sai wani ranin. Ya ɗauka za ta shuka ta girbe a raba iri kafin kowa ya waiwayo. Yaushe aikin hukuma ya taɓa zuwa da wuri? Rijiyar da aka yi musu alkawari tun yana saurayi har yau ba a kawo ko diga ba. Sai wannan ɗin, shi kaɗai, ya zo kafin lokacinsa.

"Liatu ce a wurin, Yaya. Turke ɗaya a daidai ƙirjinta suka buga shi."

"Kada ka gaya mani wadda ke wurin. Ni na wanke ta. Ni na ɗauki ɗanta na goya har ya yi ƙafa. Don mi kake tsammani na rufe bakina tun bazara? Na ce in zauna nan in yi taurin kai har dawa ta nuna, a yanke iri, sannan su kafa ƙarfensu, ita ta kwanta lafiya, kai ka tsira da mutuncinka. Gari na cewa tsohuwa ta haukace, na ɗauka. Amma ka tako har nan ka ce mani in tashi a sare? Wannan ba zan ɗauka ba."

Yunis ya ture karan da ke gabansa ya fito.

Baba Matta ya ja da baya har ya kusa faɗuwa. Idonsa ya sauka kan shuɗin ƙyallen da ke hannun ɗansa. Ku tuna Yunis ɗan fari ne, tun da aka haife shi uban bai taɓa kiran sunansa ba, da "yaron nan" yake ce masa, da ya shiga aiki ya koma "Kofur".

"Kofur, kana nan?"

"Baba, gaskiya ne?"

Tsohon ya kawar da kai.

"Baba, tambayar ka nake."

"Gaskiya ne."

"Ka san abin da ake yi wa wanda ya taɓa alamar gwamnati a mulkin nan?"

"Na sani."

"Ka sani. Kana kallo aka tsayar da ni da kulki a gaban iyayena. Kana kallo ana tofa mini yawu. Jiya da na zo gaishe ka har addu'a ka yi mini, ka ce in yi aikina da gaskiya."

"Uwarka ce fa."

"Na san uwata ce."

Ya faɗa da ƙarfin da bai taɓa yi wa uban magana da shi ba, nan take kuma ya ji kunya. Ni a nan na rasa wanda zan ji wa haushi. Tsohon ya yi laifi, babu shakka. Amma wane ne a cikinku zai ga turke a kan ƙirjin matarsa ya wuce ya tafi gida?

Gwaggo ta kama ƙafar wandon Yunis. Ta ce abin da ya ji ya bar shi a cikin dawa. Ya fita ya ce tsohuwa ta ƙi, in suna so su bi ta kanta. Yunis ya ce mata ba wanda zai bi ta kanta, ba za su ba ta wannan darajar ba. 'Yan sanda biyu za su ɗauke ta, a watsa matan gari da hayaƙi, kafin azahar babu kara ɗaya a tsaye. Shekara nawa yana wannan aikin, ya san yadda ake yi.

"To ka hana su," in ji ta. "Ba kai ne hukuma ba?"

"Gwaggo, igiya biyu ta kofur ce kawai a hannuna. Ko shayin Sufeto ban isa in ce ya yi sanyi ba."

"To mi amfanin kakin?"

Usur ya tashi daga bakin gona, dogo, sau biyu. Sai ƙarar katafila, ƙasa ta fara rawa a ƙarƙashin tabarmar Gwaggo. Ashe Sufeto ya gaji da jira, ya ce tun da leburori na tsoron hannunsu, ƙarfe ba shi da hannun da zai shanye.

Suka ji karare na karyewa, ɓas, ɓas, ɓas.

Gwaggo ta yunƙura za ta tashi, gwiwa ta ƙi. Ba ta yi kuka ba, sai cewa take, "Ba ta nuna ba. Ku gaya masu ba ta nuna ba."

Yunis ya ruga.

Da ya fito fili, kunyoyin farko sun riga sun kwanta. Mata na ihu, 'yan sanda sun tare su da kulake. Ƙyallaye a cikin taɓo, ja da fari, wasu manne da haƙoran katafila. Malam Rabe, tsoho da shi, ya kutsa ta ƙarƙashin hannun wani ɗan sanda ya tsugunna ya ɗauki zangarniya ɗaya. Ya matsa ƙwayar da farce, farin ruwa ya fito. Ya daɗe yana kallon farcen, sannan ya sa zangarniyar a aljihu duk da ya san ba ta da amfani.

Yunis ya sha gaban katafila ya ɗaga hannu. Mudi direba ya taka birki har goro ya faɗo daga bakinsa.

"Kofur, ka haukace ne?" Sufeto ya taho yana huci. "Ina tsohuwar?"

"Tana ciki, Yallaɓai."

"Matsa daga nan."

"Yallaɓai, akwai magana."

"In tarihin dawa ne kuma, yau a bayan kanta za ka kwana."

Yunis ya waiwaya. Ga gona, iska na kaɗa ƙyallayen gari kaf. Ga kukar kufai can gefe, ita kaɗai. Ya damƙe shuɗin ƙyallen a hannunsa har jijiya ta fito.

"Turakun ba nan aka kafa su ba."

Injiniya Romanus ya ture wani lebura ya matso.

"Me ka ce?"

"Ba nan mai awo ya kafa su ba. A can ne." Ya nuna kufai.

Romanus ya dubi wurin, fako shimfiɗe, tsohon bango, babu ko ciyawar kirki. Ya buga hularsa a cinya ya ce wallahi abin da aka kwatanta masa ke nan, shi ya san akwai abin da bai daidaita ba. Ya ce in can ne ainihin wurin, ba shi da sauran magana da dawar kowa, yau ɗin nan zai share ya fara haƙa. Ya ɗaga wa Mudi hannu ya juya.

Mata suka fara guɗa. Ba su san komai ba, bayin Allah, murnar iri suke. Wadda ta tofa wa Yunis yawu ɗazu ita ce kan gaba wajen sa masa albarka.

Sufeto kaɗai bai motsa ba. Ya zuba wa Yunis ido.

"Turke ba ya tafiya da kansa, Kofur. Wa ya matsar da su?"

Sufeto ya ƙara matsowa.

"Aikin gwamnati ya tsaya, an kwaso mu daga Malumfashi muna shan rana, saboda wani ya raina hukuma. Wa ya matsar da su?"

"Yallaɓai..."

"Ka sani ko ba ka sani ba?"

Dawa ta buɗe. Baba Matta ya fito, ya cire hularsa ya sa a aljihu, ya tako a hankali har gaban Sufeto. Ya haɗa hannuwansa biyu ya miƙa.

"Ni ne, ranka shi daɗe. Ni kaɗai. Yayata ba ta da hannu, yaron nan ma yanzu ya ji."

Guɗar ta mutu a bakin mata.

Sufeto ya dubi tsohon, ya dubi Kofur ɗinsa, ya ga goshi ɗaya, hanci ɗaya. Ya yi wani murmushi da na tsana. Ya ciro ankwa daga ɗamararsa, maimakon ya sa da kansa sai ya miƙa wa Yunis.

"Kai ka gano ɓarnar. Ƙarasa aikinka."

Ƙarfen ya sauka a tafin Yunis, kan shuɗin ƙyallen. A bayansu katafila ta gama juyawa, ta miƙe hanya zuwa kufai tana tura ƙasa.

Baba Matta ya matso da hannuwansa kusa da ɗansa.

"Yunis."

Kofur ya ɗago a firgice. Tun da ya zo duniya bai taɓa jin sunan nan a wannan bakin ba.

"Sa mani, kada ka ɓata aikinka. Amma ka yi sauri ka cim ma direban nan. Ka ce ya bi a hankali ta gabashin kuka, nan kan uwarka yake."